Hantsaki, Gilashi da Hazo: Sana'ar Yuri Norshtain

Akwai wani ɗan wuri a fim ɗin Bushiya a Cikin Hazo da ba na gajiya da komawa gare shi. Bushiya ta tsaya a kan tudu da daddare, riƙe da ɗan ƙunshinta. A ƙasa hazo ya cika kwari fal kamar nono a ƙwarya, can a tsakiyarsa kuma ga farin doki, rabin jikinsa ya nutse. Ta yi tsai tana tunanin ko dokin nan zai shaƙe idan ya kwanta barci a ciki. Sai ta soma gangarawa, taku ɗaya, ta dakata, taku ɗaya. Ƙafafunta ne suka fara dusashewa, sannan cikinta, sannan ƙayoyin bayanta, har farin ya haɗiye ta. Da ta miƙa hannunta ta duba, ko shi ba ta iya gani sosai. A Rashanci wannan bushiya namiji ne, amma bakinmu ya saba da kiran bushiya “ta”, don haka zan bar ta a haka.

Duk lokacin da na kalli wurin nan sai na ji sanyin hazon a fatata. Hazon Rasha kuwa ba irin namu na hunturu ba ne mai ƙura da bushe leɓe, tururin ruwa ne da ke kwanciya a bakin kogi idan dare ya yi, mai laima, mai shiga ƙashi. Abin da ke ɗaure mini kai shi ne a gaban kyamarar da ta ɗauki wannan babu kogi, babu dare, babu hazo. Gutsattsarin zane ne da aka yanka da almakashi, da fale-falen gilashi, da takarda shara-shara, da fitilu. An yi fim ɗin a Mosko a 1975, tsawonsa kusan minti 10, ba a taɓa kwamfuta ba ko sau ɗaya. Wanda ya ba da umarni, ya kuma motsa kowane gutsure da hannunsa, shi ne Yuri Norshtain.

Kafin a gane girman abin da ya yi, sai an san yadda zane ke samun rai. Fim hotuna ne tsayayyu da ake jerawa, 24 a kowace daƙiƙa, kowanne ya ɗan bambanta da na gabansa, sai ido ya haɗa su ya ga motsi. Minti 10 ke nan hoto 14,400. Hanyar da manyan kamfanonin katun suka saba bi, daga Disney a Amurka har Soyuzmultfilm a Mosko, ita ce a raba aikin kamar a masaƙa. Gwani ya zana manyan gaɓoɓin motsi, na ƙasa da shi su cike tsakani, wasu su kwafe layin a kan roba garai-garai, wasu su shafa launi, mai kyamara ya zo daga ƙarshe. Ana iya gwada motsin tun yana fensir, in bai yi ba a goge a sake. Hanya ce mai tsari, ta kuma haifar da finafinai masu kyau, sai dai kafin zane ya isa gaban kyamara ya bi ta hannu da yawa, kowane hannu kuma yana ɗan rage masa zafi.

Norshtain ya ɗauki wata hanya dabam, tsohuwa, wadda da yawa ke yi wa kallon ta marasa kuɗi. A zana halitta sau ɗaya, a yanka ta gaɓa-gaɓa, a shimfiɗa a kan gilashi a ƙarƙashin kyamara, a riƙa tura gaɓoɓin kaɗan-kaɗan ana ɗauka. Bajamushiya Lotte Rainiga ta yi dogon fim da irin wannan dabara tun 1926, labarin Yarima Ahmad da ta ciro daga Dare Dubu da Ɗaya, da baƙar takarda zalla kamar inuwa. Aibin hanyar a bayyane yake: yankakken zane yakan yi tauri, hannu ya juya a kan kafaɗa kamar ƙofa a kan ƙyaure, fuska ta daskare. Abin da Norshtain ya yi shi ne ya ƙara yawan gutsattsarin, ya ƙanƙanta su, ya jera su bisa juna hawa-hawa, wasu a kan roba mai nuna abin da ke bayanta, har gefen halittar ya daina zama layi mai kaifi ya koma laushi kamar gashi. Kai dabam, hanci dabam, ƙwayar ido dabam, fatar ido dabam. Ba a ɗaure su da ƙusa ko zare ba, a sake suke, don haka kafaɗa na iya ɗan faɗuwa, wuya ya ɗan shige ciki. Yatsa ya yi musu girma, sai da ɗan hantsaki irin matsefatar cire ƙaya ake taɓa su. Ya sunkuya, ya tura hanci abin da bai kai faɗin ƙwayar gero ba, ya gyara ido, ya janye hannunsa, a ɗauki hoto ɗaya. Ya sake sunkuyawa.

A nan ne wuyar sana'ar take. Da zarar ka motsa gutsure, inda yake a da ya tafi, babu wata takarda da ta riƙe maka shi. A shekarun 1970 kuma babu allon da zai nuna maka abin da ka ɗauka nan take, sai an kai zaren fim ɗin an wanke an dawo da shi. In an samu kuskure a tsakiya, bakin alƙalami ya bushe, sai a koma farkon fitowar a sake gaba ɗaya. Ke nan dole mai wannan aiki ya riƙe motsin duka a kansa: ya san cewa juyin kan da zai ɗauki daƙiƙa biyu a idon mai kallo zai ci hoto 48, ya san a hoto na nawa juyin zai yi sauri, a na nawa zai lafa, a na nawa ido zai riga kai isa. Yana yin wasan kwaikwayo ne, amma wasan da aka ja shi ya yi tsawon wuni, kuma ba da jikinsa ba. Ni a ganina wannan ne ya sa halittunsa suke da numfashi. Babu kowa tsakanin abin da zuciyarsa ta ji da abin da kyamara ta gani, sai bakin hantsaki.

Sai kuma teburin. A hango wani ƙarfe tsaye kamar kanta, kyamara a can sama tana kallon ƙasa, a ƙarƙashinta fale-falen gilashi a kwance, ɗaya bisa ɗaya, tsakanin kowane biyu kamar santimita 25 zuwa 30, zurfin duka ya kai kimanin mita guda. A gilashin sama a sa ciyawar da ke kusa da mai kallo, a na biye bushiya, a na ƙasa kututturen itace, a can ƙarshe sararin sama. Jera zane hawa-hawa ba sabon abu ba ne, Disney ma ya yi amfani da irinsa tun 1937. A teburin Norshtain gilasan ba gefe kaɗai suke tafiya ba, suna matsowa kusa da kyamara suna kuma nisanta da ita. Saboda tazarar ta gaske ce, idon kyamara ba zai iya kama duk hawan da kaifi ɗaya ba. In ya kama bushiya, ciyawar gaba ta yi dishi-dishi, daidai yadda idon mutum yake yi a daji. Iska ce ta ainihi a tsakanin zanen.

Hazon kuma, wanda na daɗe ina zaton wani babban sirri ne, ashe takarda ce shara-shara. A shimfiɗa ta daf da zane, zanen ya fito sarai ta cikinta. A ɗaga ta sama kaɗan zuwa wajen kyamara, zanen ya soma dusashewa. A ƙara ɗagawa, hoto bayan hoto, sai ya narke cikin fari. Duk wanda ke da irin takardar nan ta kwafar zane zai iya gwadawa a kan shafin littafi: kusa, rubutu ya bayyana, nesa, ya ɓace. Dabara ce da yaro zai fahimta cikin minti ɗaya. Amma sanin yawan ɗagawar da za ta sa doki ya zama kamar mafarki bai ɓace ba, da sanin inda za a ajiye fitila don farin ya yi haske daga ciki, wannan aikin shekaru ne. A nan dole a ambaci mai kyamararsa, Aleksanda Jukobski, wanda tare suka tsara wannan teburi da haskensa. Su ne suka yi ƙarfin halin haɗa ruwa na gaske da zane a wurin da bushiya ta faɗa kogi, har mai kallo bai ga ɗinkin ba.

An haifi Norshtain ranar 15 ga Satumba, 1941, a ƙauyen Andreyebka da ke yankin Penza, inda aka kwashe mahaifiyarsa gudun yaƙi bayan sojojin Jamus sun shigo Tarayyar Sobiyet. Iyayensa Yahudawa ne masu ƙaramin ƙarfi. Ya tashi a Maryina Roshca, wata tsohuwar unguwar talakawa a Mosko mai gidajen katako, inda iyalai da yawa ke zaune a gida ɗaya suna raba madafa da tsakar gida. Mahaifinsa mai gyaran injunan sarrafa katako ne, ya rasu Yuri yana ɗan saurayi. Yaron ya so ya zama mai zanen fenti, irin wanda ake rataye aikinsa a bango. Abin bai yiwu ba. Ya yi aiki a masana'antar kujeru da kabad, sannan ya shiga kwas na shekara biyu na koyon motsa zane, aka ɗauke shi a Soyuzmultfilm a 1961.

Ya shafe shekaru yana motsa halittun wasu, a finafinai kusan 50, da yawansu na 'yar tsana, ciki har da na Ceburashka da Roman Kacanob ya jagoranta, wanda duk yaron Rasha ya sani. Can ya koyi nauyin jiki, yadda ƙafa ke karɓar kaya kafin ɗayar ta tashi. Karanta rubuce-rubucen mai shirya fim Sergei Aizenshtain a kan haɗa hotuna shi ya juyo da hankalinsa ga ba da umarni. Fim ɗinsa na farko, tare da Arkadi Tyurin a 1968, a kan juyin juya halin 1917 ne, an gina shi da zane-zanen masu fasahar shekarun 1920. A 1971 shi da dattijon sana'ar, Iban Ibanob-Bano, suka yi Yaƙin Kerjenets da siffofin tsofaffin zanen coci na Rasha da kiɗan Rimski-Korsakob. Ayyuka ne masu ƙarfi, amma har yanzu hannunsa bai sami muryarsa ba.

Ya same ta ne da ya koma ga tatsuniya, da kuma matarsa. Faranceska Yarbusoba, wadda ya aura a shekarun 1960, ita ce mai zana halittu da shimfiɗar finafinansa tun daga 1973. Duk wata ƙaya a bayan bushiya, duk wani ganye, hannunta ne. Ba daidai ba ne a yaba masa a bar ta a inuwa, domin abin da yake motsawa ita ta haife shi a takarda, kuma sukan zana halitta ɗaya sau ba adadi kafin su yarda da ita. Na farkonsu shi ne Yanyawa da Zomo a 1973, labarin yanyawar da gidanta na ƙanƙara ya narke ta ƙwace na zomo, manyan dabbobi suka kasa fitar da ita, zakara ya iya. Sai Zalɓe da Gauraki a 1974, inda Jukobski ya shigo. Gauraki ne namijin, zalɓe ce macen. Ya je neman aurenta ta ƙi, ta yi nadama ta bi shi ya ƙi, haka suke ta kai da komo a cikin kangon wani tsohon gidan masu hali da ciyawa ta cinye, ruwan sama na zuba. Abin dariya ne a sama, amma duk wanda ya taɓa barin girman kai ya raba shi da wanda yake so zai kalle shi da wani ido.

Yanzu mu koma ga bushiya, don a nan ne ake ganin abin da nake kira tunanin takarda. Labarin, wanda Sergei Kozlob ya rubuta, bai taka kara ya karya ba. Kowace yamma bushiya kan je wurin abokinta ɗan beyar, su sha shayi su ƙirga taurari. Yau ta ɗauko masa 'ya'yan itace da aka dafa da sukari, ta ɗaure a ƙyalle. A hanya ta shiga hazo, ta ɓata, ta faɗa kogi, wani abu daga cikin ruwa da ba a nuna fuskarsa ba ya goya ta zuwa gaɓa, ta isa a makare. Shi ke nan. Amma a lura da yadda take motsi. Busasshen ganye ya faɗo mata daga sama, ta rufe ido da hannu biyu, ta daɗe a haka, sannan ta leƙa. Ta ajiye ƙunshinta don ta taɓa wani abu baƙi da ya tsaya a gabanta, ta ɗauki kara ta zungure shi, ashe katon itace ne mai kogo. Kyamara ta bi shi sama, sama, rassa na juyawa a hankali kamar rufin babban ɗaki. Sai ta tuna da ƙunshin. Kafin ta ruga nema akwai ɗan tsaiko, jiki ya sandare, ido ya buɗe. Wannan tsaikon shi ne tunawar. Mai motsa zane na yau da kullum zai nuna maka gudun. Norshtain yana nuna maka lokacin da tunanin ya sauka, kafin ƙafa ta ji labari.

Haka mujiyar da ke binta a baya tana kwaikwayonta: bushiya ta leƙa kududdufi ta ga tauraro, ita ma ta leƙa, bushiya ta yi kira a rijiya, ita ma ta yi, ta tsaya tana sauraren muryarta da mamaki. Haka karen da ya ɓullo daga fari, ya shinshina ta, ya dawo mata da ƙunshin, ya wuce ba tare da jiran godiya ba. A ƙarshe ɗan beyar na ta zuba magana ba numfashi, yana faɗan irin kiran da ya yi ta yi, ya riga ya hura wutar shayi. Bushiya na zaune a gefensa, idonta a buɗe, ba ta ce uffan ba, hankalinta na can wurin dokin. Ba a motsa komai a fuskarta ba in ban da ɗan abin da ba a rasa ba, amma kana ganin ba ita ce bushiyar da ta fito daga gida ɗazu ba.

A 1979 ya gama Tatsuniyar Tatsuniyoyi, minti 29, wanda ya rubuta tare da marubuciya Ludmila Petrushebskaya. Sunan da ya so ya ba shi daga wata tsohuwar waƙar reno ta Rasha ya fito, mai gargaɗin jariri cewa ɗan kyarkeci zai zo. Hukumar fina-finai ta ƙi sunan, tana jin kamar akwai barazana a ciki, sai aka aro wannan daga wata waƙa ta mawaƙin Turkiyya Nazim Hikmet. An kuma matsa masa ya rage fim ɗin, ya ƙi. A shekarar ce aka ba shi, shi da Yarbusoba da Jukobski, lambar yabo ta ƙasa saboda finafinansu na baya, fim ɗin kuma ya fita.

Ba shi da labari mai kai da gindi. An gina shi ne yadda tunawa take zuwa wa mutum, wannan ya jawo wancan, abu ya tafi ya dawo. Tuffa a cikin ciyawa ruwa na dukanta. Jariri na shan nono, ɗan kyarkeci na kallonsa daga gefe. Tsohon gidan katako irin na Maryina Roshca, an toshe tagoginsa, mutane sun watse, an tara tsofaffin kujeru an cinna musu wuta. Kyarkecin nan, wanda waƙa ta ce abin tsoro ne, shi kaɗai ya rage yana gadin abin da aka bari. An ɗauko idanunsa ne daga hoton wani ɗan kyanwa da aka tsamo daga ruwa, shi ya sa kallonsa ke da wuyar jurewa. Kyarkecin yana hawa matakin tsohon keken ɗinki yana lilo. Yana gasa dankali a garwashi, ya ɗauko da zafinsa, ya riƙa jefa shi daga hannu zuwa hannu yana hurawa. Duk wanda ya taɓa ciro rogo ko dankali daga toka ya san wannan rawar yatsu, kuma a nan an yi ta daidai, har da ɗan jan hannun da mutum ke yi kafin zafin ya gama isa.

Wurin da ya fi taɓa ni shi ne na rawa. A ƙarƙashin fitilar titi guda ɗaya, maza da mata na rawar tango da wani faifai da aka yi yayi a Rasha kafin yaƙi. Allurar garmaho ta yi tsalle, namiji ɗaya ya ɓace, matarsa ta tsaya da hannu a buɗe tana rungume da iska. Ta sake tsalle, wani ya ɓace. Haka har mata kaɗai suka rage. Mazan suka bayyana cikin kayan soja, suka juya baya, suka shige duhu. Sai takardun sanarwar mutuwa suka riƙa tasowa kamar tsuntsaye. Tarayyar Sobiyet ta rasa mutane sama da miliyan 20 a wannan yaƙi, an kuma yi finafinai masu tankoki da igwa ba iyaka a kansa. Norshtain bai nuna harbi ko ɗaya ba. Ya ɗauke gutsuren zane ne daga kan gilashi tsakanin hoto da hoto, abu mafi sauƙi da wannan sana'a za ta iya yi, ya bar gurbin.

A tsakanin waɗannan duhu akwai wata duniya mai haske kamar an zana ta da alƙalami a kan takardar da rana ke bi ta bayanta. Masunci ya dawo da kifi, matarsa na wanki, yarinya na tsallen igiya, bijimi ne ke kaɗa mata, mawaƙi na zaune gaban farar takarda, an kira matafiyi ya zo a ci abinci. Kiɗan Bak da Mozat na tafiya a hankali. Babu abin da ke faruwa, zaman lafiya ne kawai, kuma bayan ka ga matan nan a ƙarƙashin fitila ka san kuɗinsa. A 1984, a taron da aka yi a Los Anjalas lokacin wasannin Olamfik, masana suka zaɓe shi fim ɗin zane mafi kyau da aka taɓa yi, aka sake zaɓensa a Zagreb a 2002. A Tokiyo a 2003 masu sana'ar 140 suka jefa ƙuri'a, Bushiya ta zo ta ɗaya, Tatsuniyar Tatsuniyoyi ta biyu. Mai fim ɗin zane na Japan Hayao Miyazaki na cikin masu girmama shi, Japan kuma ta ba shi lambar girma a 2004.

Daga nan sai Kwat. A 1981 ya soma fim a kan gajeren labarin Nikolai Gogol na 1842, labarin Akaki Akakiyebic, wani ƙaramin akawu a birnin Fitasbag wanda aikinsa kwafar takardu, ya yi ta tsimi har ya ɗinka sabuwar kwat ta sanyi, aka yi masa fashinta, baƙin ciki da sanyi suka kashe shi. Fiye da shekara 40 ke nan fim ɗin bai ƙare ba. Ya rabu da Soyuzmultfilm saboda ana ganin ya cika jinkiri. Tarayyar Sobiyet ta rushe a 1991, kuɗin da gwamnati ke zubawa a fim ya ƙafe. Jukobski ya rasu a 1999, rashin da ya yi daidai da a cire wa mutum ido ɗaya. Norshtain ya ci gaba a ƙaramin ɗakin aikinsa a Mosko, yana sayar da littattafansa da hotunan zane don riƙe wurin, ya kuma ƙi komawa ga kwamfuta. Abin da aka kammala ya kai kamar minti 25, baƙi da fari, an nuna gutsattsarinsa a wuraren baje kolin fasaha. Har laƙabi aka yi masa, Katantanwar Zinariya.

Ina jin zafin wannan jinkiri, domin ina son in ga fim ɗin, kuma duk finafinan da ya kammala in an haɗa su ba su kai awa biyu ba. Amma wanda ya ga abin da aka ɗauka zai san inda shekarun suka shiga. A da dabbobi yake motsawa. Yanzu fuskar mutum ce, wadda kowannenmu ya ƙware a karatunta tun yana goye, ƙaramin kuskure ma sai mun gane. An gina fuskar Akaki da gutsattsari masu yawa a jere bisa juna, goshi, kumatu, leɓe, fatar ido, ta yadda murmushi zai iya farawa a ido kafin ya sauko baki. Gogol ya ce akawun nan yana da haruffan da ya fi so, in ya iso gare su fuskarsa takan canja, leɓensa na taya alƙalami. Norshtain ya ɗauki wannan da gaske. Akaki ya shigo ɗakinsa daga dusar ƙanƙara, ya zauna gaban takarda, ya gyara alƙalami, ya sunkuya. Mutumin da duk ofis ke yi wa dariya, a wannan zama yana da martabar malami a gaban allonsa. Mai sunkuyawa a kan gilashi da hantsaki ya san abin da mai sunkuyawa a kan harafi yake ji, kuma bai yarda ya gaggauta shi ba.

Bai rufe ƙofa ya zauna shi kaɗai ba. Ya koyar shekaru da yawa. Cikin ɗalibansa akwai Aleksanda Petrob, mai zane da fenti a kan gilashi, wanda ya ci Oska da fim ɗinsa na tsoho da teku na 1999. A 1993 shi da Fyodo Hitruk, Andrei Hirjanobski da Eduwad Nazarob suka kafa makarantar koyon motsa zane ta SHAR. Ya rubuta babban littafi a kan sana'ar mai suna Dusar Ƙanƙara a Kan Ciyawa. A 2003 kuma, da Kihaciro Kawamoto na Japan ya tara masu motsa zane don su raba baitocin wata tsohuwar waƙa ta mawaƙin Japan Basho da abokansa a fim ɗin Kwanakin Hunturu, Norshtain aka ba baitin buɗewa. Rabonsa bai cika minti biyu ba.

A ciki, wani mayawaci mai suna Cikusai na zagaya daji yana kara kunne a jikin itatuwa. Ya ci karo da Basho, babban mawaƙi, zaune yana tsince ƙwari daga rigarsa, wadda ta yage kamar tasa. Suka yi musayar malafa, Cikusai ya ba da tasa mai kyau ya karɓi mai huda a tsakiya. Iska ta taso da busassun ganye, ta fizge malafar daga kansa. Ya bi ta da gudu, ya kama, ya dube ta, sai ya sake ta ta tafi. Can a wani gefen Basho na tafe a sunkuye yana keta iskar, taku ɗaya bayan ɗaya, hannunsa dafe da sabuwar malafar.